Babu Namiji a Gidan

Gidan da muka zauna a unguwar Mansur, a Makka, yana da majalisa, wato ɗakin baƙi maza, mai ƙofarta daban a bakin bene. Tsakanin majalisar da kicin ɗina akwai wata ƙofar katako da ba na tsallakewa in dai akwai baƙo. In na haɗa shayi sai in ajiye faranti a ƙasa, in ƙwanƙwasa, in ja da baya. Hannu ya fito ya ɗauka. Haka na tashi na ga mahaifiyarmu tana yi, kuma abin bai taɓa damuna ba. Abokan maigidana da yawa na san tarinsu da dariyarsu da yawan sukarin da suke sha, amma da za mu haɗu a hanya ba zan gane ko ɗaya ba.

A majalisar nan ƙanena yake kwana. Auta muke ce masa. A Makka aka haife mu duka, kakanmu ne ya zo aikin Hajji daga ƙasar Kano bai koma ba. Ni aure ya rufa min asiri, iƙamata, wato takardar izinin zama, tana ƙarƙashin ta maigidana. Shi kuwa da Baba ya rasu sai takardarsa ta mutu, aka yi ta kai-kawo ba a sabunta ba. Ya haura ashirin a lokacin, dogo, mai tsafta har ta yi yawa, Larabci ya fi zama a bakinsa fiye da Hausa. Najeriya bai taɓa ganinta ba sai a fim. Shekarun nan kuwa kame ya yi tsanani. Motar jawazat, jami'an shige da fice, ta tsaya a bakin layi, kafin a ce me an kwashe samari an kai gidan tarhil, inda ake tsare waɗanda za a kora, daga nan sai jirgi. Kullum Auta ya fita sai na bi shi da addu'a har ya sha kwana.

Yana aiki a wani shagon ɗinkin kujerun mota. Mai shagon ɗan ƙasa ne, Auta yana kiransa Mudir, mu ma muka bi. Shi ne ya ce zai gyara masa iƙama, ya karɓi fasfonsa da takardar haihuwarsa ya ce a bar masa komai. Maigidana ya ji daɗi sosai. Ya ce ba kullum ake samun ɗan ƙasa mai tausayin baƙar fata haka ba.

Sai Mudir ya fara zuwa gidan. Bayan la'asar yake zuwa, lokacin maigidana yana shago. Muryarsa a hankali take, mai ladabi, kullum sai ya ce a gaida mutanen gida. Wata rana ya kawo dabino mai tsada, wata rana kayan wasa na yara. Gahawa yake sha, ba shayi ba, don haka na koyi dafa ta yadda yake so, da ɗan ƙamshin nan da ake kira hel da yawa. Babu wanda ya ga wani abu a ciki. Namiji ya zo wajen namiji, sun rufe ƙofa, ai haka ake so. Da mace ce ta hau benen nan sau ɗaya, da unguwa ta ɗauka kafin magariba.

Lokacin babu gidan sinima a ƙasar. Mu mata finafinan Kano muke kallo, a filas ake zuba mana, mu soka a bayan talabijin. Auta ne mai zuba min. Wata rana da safe yara sun tafi makaranta, na tara guga, na ɗauki filas a kan tagar majalisa ina zaton nawa ne, don irinsu ɗaya. Na soka, na kunna, na ɗauki dutsen guga.

Ba na Hausa ba ne. Turawa ne, ban ma san wane yare suke yi ba, amma akwai fassarar Larabci tana gudu a ƙasa. Na ce bari in gama rigar nan in canja. Wani saurayi ne mai tuƙa tasi a wani gari mai yawan ruwan sama. Wani dattijo mai kyawun shiga ya riƙa ɗaukarsa haya, kullum shi. Ya saya masa riga mai kauri. Ya gyara masa wuyan rigar da hannunsa, ya daɗe bai ɗauke hannun ba. A nan na gane irin fim ɗin. Na ce a'uzu billahi, na ajiye dutsen guga na ɗauki rimot.

Ban kashe ba. Inda suka yi abin da bai kamata ido ya gani ba na juya fuskata ga bango har sauti ya canja, amma ban kashe ba. Abin da ya riƙe ni shi ne fuskar saurayin. Ya gano cewa kafin shi akwai wani direban da dattijon ya saya wa irin rigar nan, kuma tun da wancan ya ce zai tafi ba a sake ganinsa ba. Ya gani da idonsa, ya ga lasisin wancan a cikin aljihun tebur. Na ce to, yanzu zai gudu. Sai ga shi washegari ya dawo ya faka a ƙofar gidan, yana gyara gashinsa a madubi. Dattijon ya fito yana murmushi, ya miƙa hannu ya zare makullin motar ya sa a aljihunsa, ya ce shigo ka ci abinci. Shi kuma ya bi shi. Tsoro yana idonsa, farin ciki ma yana idonsa, lokaci ɗaya. Ni ban taɓa ganin haka a fim ba. A namu mugu daga shigowarsa ka san shi, har kiɗan ma sai ya canja. A wannan kuwa hannun da ke ba shi abinci a baki shi ne ya kulle ƙofa, kuma da taushi ya yi duka biyun.

Kiran azahar ne ya katse ni. Na zare filas ɗin na mayar inda na ɗauka, na yi alwala. Ban ga ƙarshen ba.

Daga ranar kunnena ya buɗe. Na fara jin abin da na daɗe ina ji ban saurara ba. Maza in sun zauna hira suna ɗaga murya, suna musu a kan ƙwallo. Auta da Mudir kuwa shiru suke yi mai tsawo. In na ƙwanƙwasa, sai an jima kafin hannu ya fito, kuma sai na ji an murɗa makulli tukuna. Wayar Auta in ta yi ƙara ko yana tsakiyar loma sai ya tashi. Wata rana yana wanke hannu ya naɗe hannun riga, na ga shatin yatsu a damtsensa. Ya ga na gani, ya sauke.

Na yi kuka a kan sallaya ba sau ɗaya ba. Na san hukuncin abin, an karantar da mu, ban kuma taɓa shakka ba. Amma wannan yaron ni na goya shi. Ni na riƙe shi ranar da aka fita da gawar Mama. Ban san da wane baki zan fara ba, don kalmomin da muke da su na wannan abu duk zagi ne, ni kuwa ba zan zage shi ba.

Sai na bi ta fim ɗin. Ina tsince shinkafa a kicin, shi yana tsaye yana shan ruwa, na ce, "Auta, na ɗauki filas ɗinka bisa kuskure."

Ya ajiye kofin a hankali. "Wanne, Yaya?"

"Na mai tasi."

Ya yi 'yar dariya wadda ba ta kai ido ba. "Ke da azuminki na Litinin da Alhamis? Sai ki ƙara na Talata."

"Ban kalla duka ba. Ina so in tambaye ka ne. Me ya sa bai gudu ba?"

"Fim ne kawai, Yaya."

"Na sani. Amma ya ga abin da ke cikin tebur. Ga mota a hannunsa, ga hanya."

Ya jingina da firiji. Sai ya ce da Larabci, don in magana ta yi masa nauyi can yake gudu, "Ya gudu ya je ina? Wajen 'yan sanda? Ya ce musu me?"

"Yana da 'yan'uwa ai."

"Su ne na farkon da za su tofa masa yawu."

"Ba duka ba."

Ya ɗago ya dube ni, ya sake sunkuyawa. "Kuma ba tsoro ne kaɗai ba. Ke ba za ki gane ba. Mutum ya yi shekaru ba wanda ya taɓa kallonsa ya gan shi, sai wannan ɗaya. Ko da ya san abin da ke cikin tebur ɗin."

Na ce, "A ƙarshe me ya faru da shi?"

"Ban sani ba. Ni ma kullum a tsakiya nake tsayawa."

A ranar ya faɗa min cewa Mudir yana da istiraha, gidan hutu mai katanga a bayan gari ta hanyar Jidda, yana so Auta ya koma can ya zauna, ya riƙa kula da wurin. Ya ce a can jawazat ba sa shiga. Na ce kana so? Ya ce wani lokaci yana so kamar ya mutu, wani lokaci kuma in ya ji ƙarar motar Mudir sai ya so ya ɓuya. Na ce ka karɓo fasfonka. Ya ce ya taɓa tambaya sau ɗaya. Ya shafa damtsensa.

Ana haka aikin Hajji ya zo. Maigidana kowace shekara yana tafiya Arfa da Mina aikin abinci, shi da yawancin mazan unguwa. Auta bai je ba, don an sa shingaye ana duba zanen yatsa. Yara na kai su unguwar Tandabawi wajen kakarsu. Ranar Arfa Makka takan zama ta mata. Layinmu shiru, shaguna a rufe, maƙwabta duk sun ɗauki abinci sun tafi Harami, don ranar ce kaɗai muke samun Ka'aba babu turereniya. Ni ban je ba. Tun safe na ga Auta ya yi wanka ya haɗa kaya a ƙaramar jaka, ya ajiye bayan kujera, ya zauna ya zuba mata ido.

Wajen azahar muka ji motar Mudir. Ya miƙe, ya koma ya zauna, ya sake miƙewa. Leɓensa ya bushe. Na ce, "In ce me?" Sai ya shigo kicin ya tsaya a bayana, abin da bai taɓa yi ba in Mudir ya zo.

Aka ƙwanƙwasa. Na sa mayafi duk da ba mai ganina, na je bayan ƙofa. Shekara guda ina dafa wa mutumin nan gahawa, ranar ce na fara yi masa magana.

"Wane ne?"

Ya yi sallama, ya tambayi lafiya, ya yi min barka da wannan rana. Sai ya ce a turo masa Auta.

Na ce, "Babu namiji a gidan."

Ina azumi, ranar Arfa, a garin Makka. Bakina ya yi ɗaci da na faɗa. Amma na san abin da maganar take yi. A garin nan mace ta ce babu namiji a gida, to ƙofar ta zama bango. Ko wane ne kai ba za ka tura ba, ba za ka daɗe a tsaye ba ma, don maƙwabci ɗaya ya leƙo ya gan ka, kai ne da abin kunya.

Sai ya ce, a hankali kamar kullum, "Ya ukhti, 'yar'uwa, takalminsa ga shi nan."

"Yana da wani."

Na ji ya yi dariya ƙasa-ƙasa. "To in ya dawo ki gaya masa ina gaishe shi. Ki ce masa takardunsa suna wurina lafiya lau. Hotunanmu ma suna nan lafiya."

Takunsa ya sauka bene. Na juya na ga Auta ya zauna a ƙasan kicin ya haɗa kai da gwiwa.

Motar ba ta tafi ba. Ya faka a inuwar gidan da ke kallonmu, injin yana aiki don ya sha sanyin na'ura. Sai bayan la'asar ya ja. Ranar Sallah ya dawo. Washegari ma. Ba ya hawowa, ba ya yin hon. Waya kawai take ta haske a kan kafet, Auta yana kallonta. Ni da na rufe ƙofa don in tsare shi, sai na ga na kulle shi ne. Ba ya iya fita ko sallar Idi, don na ce ba ya nan. Ba ya iya zama a majalisa, tagarta tana kallon titi. Ba mu kunna mukayyif ɗin can, wato na'urar sanyaya ɗaki, ba don kada a ga yana ɗiga. A kicin da ɗan lungun banɗaki ya yi Sallarsa, yana tafiya ba takalmi, yana magana da raɗa a gidan da ya zama nasa. Na soya nama bai ci ba. Wani lokaci in same shi a bayan labule ya buɗe kaɗan da yatsa. Na kasa gane ko dubawa yake ya ga an tafi, ko dubawa yake ya ga ana nan.

Na ce masa mu nemi hanyar Najeriya, akwai dangin Baba a can. Ya ce, "In je in ce musu ni wane ne? Hausar ma dariya za su yi min." Na ce to ka tuba, Allah yana karɓa. Ya ce, "Kullum ina yi, Yaya. Har na gaji da jin muryata."

Maigidana ya dawo a gajiye, fuska ta ƙone da rana, murya ta dushe. A ƙofar gida suka haɗu da Mudir. Ina jin su suna hawowa tare, maigidana yana ba shi haƙuri, yana cewa ai gidanka ne. Ya buɗe majalisa ya zaunar da shi, ya leƙo kicin ya ga Auta.

"Kai kana ciki ka bar mutum a rana? Wane irin rashin kunya ne wannan?" Ya juyo gare ni. "Ke kuma ɗora gahawa."

Na ɗora. Na zuba hel. Na ajiye farantin na ƙwanƙwasa, amma ban ja da baya ba, na tsaya na kasa kunne. Mudir yana bayani a natse: wurin yana da tsaro, ɗaki da mukayyif, albashi ya fi na shago, iƙama kuma an kusa. Maigidana yana ta godiya. Auta ban ji muryarsa ba ko sau ɗaya.

Da maigidana ya fito ɗauko ruwa na tare shi a lungu. Na ce, "Abban yara, kada ka bari ya tafi."

"Saboda me?"

"Hankalina bai kwanta da mutumin nan ba."

"Kin taɓa ganinsa ne?"

"A'a."

"To me ya yi?"

Maganar tana bakina. In na faɗa, Auta ba zai bi Mudir ba, gaskiya ne, amma ba zai sake kwana a gidan nan ba, ba zai sake ɗaukar 'ya'yana ba, kuma kafin sati Mansur duka ta ji. In ya fita titi ba takarda, ga jawazat. In Mudir ya fusata, ga hotuna. Na duba ko'ina ban ga inda zan ajiye shi ba.

Na ce, "Nisa ne kawai."

Maigidana ya sassauta murya, don mutum ne mai kirki. "Haba. So kike a kama shi a jefa a jirgi? Allah ya kawo masa mafita kina kuka. Ai zai riƙa zuwa."

Auta ya shigo ya ɗauki jakarsa. Ya durƙusa ya sumbaci kaina. Na riƙe hannun rigarsa, ya zare a hankali. Ya ce, "Ki yi min addu'a." Na ce har in mutu.

Yana zuwa ranar Juma'a, ba kowace ba. Mudir ne ke kawo shi, amma ya daina hawowa. A ƙasa yake jira cikin mota. Auta ya yi ƙiba kaɗan, jallabiyarsa sabuwa, yana ƙamshin turaren da ba nasa ba. Wayarsa yakan bar ta a mota. Maigidana yakan tambaye shi iƙama, ya ce wata mai zuwa in sha Allahu. Yara su hau jikinsa ya yi musu wasa, yana yi yana duban agogon bango. Ba mu sake maganar fim ba. In na tambaye shi lafiya, sai ya ce alhamdu lillahi, ya tambaye ni ko akwai yaji.

Wata Juma'a na yi dambun shinkafa da zogale, abin da ya fi so tun yana ƙarami. A tsaye ya ci, a kicin, da sauri. Na ɗauko kula zan zuba masa ya tafi da shi. Na zuba daidai cikinsa na ɗauki murfi.

Ya ce, "Yaya, ƙara. In na je da na mutum ɗaya zai tambaya."

Na tsaya da ludayi a hannu. A ƙasa aka ɗan taɓa hon, sau ɗaya, gajere. Auta ya riga ya juya yana neman takalminsa.

Na buɗe tukunya na ƙara.